Yanar Da Na Ɓoye Miki

Daga garin Laurel, ranar Laraba bayan la'asar.

Da sunan Allah Mai rahama Mai jin ƙai.

Walida, assalamu alaikum. Ina gaishe ki da kyau, ina kuma roƙon Allah Ya kai ki Ohio lafiya, Ya tsare ki a hanya da masauki, Ya haɗa ki da mutanen kirki. Na san abin dariya ne mutum ya rubuta wa wanda suke gida ɗaya wasiƙa, ga shi ina jin motsinki a ɗakin sama kina jan akwati. To bakina ba zai iya ba, kin san halina. Kada ki yi mamakin girman rubutun, da alƙalamin nan mai kaurin baki nake yi, hancina kusan yana taɓa takardar. Ki bi a hankali, na san Hausarki ta karatu tana ɗingishi. Kuma kada ki buɗe sai gobe, kina zaune a ɗakin jira, an shiga da ni.

Gobe Alhamis za a yi min aikin yanar idon dama. Juma'a da safe likita zai cire abin da zai rufe idon da shi. Asabar ke kuma ki kama hanyar makarantarki ta haɗa magunguna. Na ji kina ce wa Abbanki za ki ɗaga tafiyar zuwa baɗi saboda ni. Ban yarda ba, kuma kada ki sake tada maganar. Amma akwai abubuwan da na yi da ba ki sani ba, ba na so ki bar gidan nan da su a rufe. Na so in jera miki nasiha kamar yadda iyaye suke yi, sai na tarar ni kaina ban gama fahimtar abin da ya same ni ba. Don haka zan faɗa miki yadda ya faru, ki tsinci abin da za ki tsinta.

Zan fara da Inna, mahaifiyata, wadda aka sa miki sunanta. Kin san ta rasu ba ta gani, amma ban taɓa gaya miki yadda aka yi ba. Ina da shekara goma sha biyu lokacin. Yanar ido ce ta rufe mata duka biyun, sai wata ranar kasuwa wani mai maganin ido ya iso garinmu da jakarsa ta fata. Aka zaunar da ita a zaure, maza biyu suka riƙe mata kai, ya soka wani siririn ƙarfe a gefen idon ya ture yanar ciki. Wallahi Walida, a take ta gani. Ta dube ni ta ce, "Ke, wa ya ba ki jan zanen nan?" Mata suka yi ta guɗa, aka ba mutumin akuya. Kwana uku bayan haka idon ya kumbura ya yi jajur, tana kuka tana dukan bango da hannu, shi kuwa ya riga ya wuce wani gari. Daga nan har ta koma ga Allah ni nake riƙe mata hannu zuwa bayan gida.

Shi ya sa shekara uku da suka wuce, da likitan ido a nan ya haska min fitila ya ce yana ce ta fara, kuma ƙaramin aiki ne idan lokaci ya yi, ban ji "ƙaramin" ba. Zauren nan kawai na gani. Na yi masa godiya, na karɓi takardar komawa, na jefa ta a kwandon shara tun kafin in kai mota. Da Abbanki ya tambaye ni na ce masa tabarau kawai za a sauya. Wannan shi ne kuskurena na farko. Abin da zan ce miki a kai shi ne, idan kin ji wani tsoro ya kama ki, ki tsaya ki tambayi kanki ko na abin da ke gabanki ne, ko kuwa na wani abu ne da ya wuce tun ba a haife ki ba. Faɗa dai na faɗa, amma yadda ake raba su ban sani ba. An yi min bayani sau uku cewa aikin gobe ba irin na mutumin nan ba ne, na kuma yarda, amma yau da safe da na tuna sai da kofin shayi ya kusa suɓuce min.

Kin san Mama Lila, tsohuwar nan 'yar Indiya da nake kula da ita shekara biyar ke nan. Wata rana tana kallona ina murza ido, ta ce me ya same ni. Da na ce mata yana ce, da duk wannan bai faru ba. Sai na ce, "Ba komai Mama, gajiya ce kawai." Haka muke, mutum yana kwance rai a hannun Allah, ka ce masa ya jiki, ya ce da sauƙi.

Ta ce in dai gajiya ce ai suna da maganinta a gargajiyarsu, wadda suke kira Ayurbeda. Ta sa na ɗauko mata wata kwalba a kicin. Ina buɗewa ƙamshin ya buge ni, ashe man shanu ne sak, soyayye, irin wanda muke zubawa a tuwo. Ban san lokacin da na ce "Ikon Allah!" ba. Ta sa na kwaɓa garin wani baƙin wake nasu, ta ce in kwanta rigingine a kan doguwar kujera. Ta yi min ɗan kewaye da ƙullun a bakin kowane ido, ta zuba man da ɗan ɗuminsa har ya rufe gashin idon, ta ce in riƙa buɗewa ina rufewa a ciki. Komai ya zama ruwan ɗorawa. Ni da aka ɗauka in kula da ita, ga ni kwance ita tana kula da ni, tana wata 'yar waƙa da yarensu. Rabona da wani ya dafa min goshi haka tun Inna tana da ido. Da na tashi sai na ji idon ya yi sanyi, ƙaiƙayin da yake min ya tafi. Ta kuma ba ni garin wasu 'ya'yan itace guda uku da suke haɗawa, ta ce a jiƙa, a tace da tsumma mai tsabta, a wanke ido da ruwan.

Na dawo gida ina ta lissafi a raina. Man shanu namu ne, jiƙo namu ne, hatta kwallin da take sawa irin namu ne. Na ce mutanen da suka san waɗannan ai ba za su cuce ni ba, kuma babu ƙarfe, babu wuƙa. Na ci gaba da yi a ɓoye duk ranar da kike makaranta. Kin tuna lokacin da kike cewa ɗakina yana ƙamshin tuwo? To kin ji dalili. Walida, duk wanda za ki nemi magani a wurinsa, likita ne ko tsohuwa ce, ki kira masa ciwon da sunansa. Ki bar "da sauƙi" a wurin gaisuwa. Baiwar Allah nan ta ba ni maganin abin da na ce mata ina da shi, ni kuma na ɗauka na kai shi inda ba ta aike ni ba.

Yanzu ga inda kaina ya ɗaure, har yau kuma bai gama kwancewa ba. Bayan wata huɗu ina wannan, ran nan na zauna zan ɗinke maɓallin rigar Abbanki, na nemi tabarau ban gani ba. Na ce bari in gwada haka. Sai ga zare ya shige allura tashi ɗaya. Na ɗauko Alƙur'ani mai ƙananan baƙaƙe, wanda na ajiye shekara goma, na karanta shafi guda ba tabarau. Na yi sujada ina kuka. Ke ki gaya min, wa zai ga wannan ya ce magani ba ya aiki?

Ai kuwa bakina ya buɗe. A wani taron suna a garin Clinton na tara mata ina ba su labari, har da sa a kawo allura in nuna musu. Mutum uku suka karɓi yadda ake yi a wurina. Na zama malamar ido, ni da ko sunan 'ya'yan itacen nan uku ban iya faɗa daidai ba. Daga nan wata ta turo min tallan wani maganin ɗigawa a waya, wai na Ayurbeda ne, da zuma a ciki, yana narkar da yana ba tare da aiki ba. Na saya ban tambayi Mama Lila ba. Idan na ɗiga sai in ji kamar an watsa min barkono, hawaye na zuba, ni kuwa ina cewa yauwa, yanar ce take narkewa.

Abin da ban gaya wa matan nan ba shi ne, ina ganin ramin allura amma na daina ganin allon kan titi. Da safe idan rana ta fito, hanya gaba ɗaya sai ta koma fari fat. Wata rana na wuce kwanar gidanmu sau biyu. Na ajiye tuƙi, na ce muku mota tana sa min ciwon baya, bas ta fi min. Na ga alamu biyu, ɗaya tana cewa ina warkewa, ɗaya tana cewa ina makancewa, sai na zaɓi wadda nake so na rungume. Daga baya likita ya ce wannan ganin kusa da ya dawo, yanar ce da kanta take kawo shi idan tana ƙara tauri, kuma ba ya daɗewa. Haka kuwa aka yi, bai kai shekara ba ya tafi. Wato abin da na yi wa sujada ciwon ne yake ƙaruwa. Na kasa sanin yadda zan yi da wannan, don sujadar da zuciya ɗaya na yi ta. Abin da na sani kawai, kada ki yi saurin zama mai wa'azin abin da kika gwada jiya. Sai da na kira matan nan uku ɗaya bayan ɗaya na janye maganata, ɗayarsu har ta ce, "To Hajiya, da can ke ce, yanzu ma ke ce, wanne za mu kama?"

Sai babban, wanda saboda shi na ɗauki alƙalamin nan. Ranar bikin gama digirinki.

Ke ce 'yar fari, kuma sunan Inna gare ki. Yadda aka rene mu, uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta zuba masa ido a gaban mutane, ba ta yabonsa. Kin sha yi min ƙorafi tun kina ƙarama, kina cewa iyayen ƙawayenki suna rungume su a bakin makaranta, ni kuwa sai in kau da kai in ce mu tafi. Ban taɓa iya yi miki bayanin cewa kau da kan nan shi ne namu son ba. Ranar nan kuwa na ƙudura a raina zan karya wannan. Na ce yau zan dube ta son raina, kowa ya ce abin da zai ce.

A cikin zauren taron na ji an kira sunanki, an murɗe shi yadda suka saba. Na miƙe tsaye. Abin da na gani wasu baƙaƙen inuwoyi ne suna wucewa ta cikin haske, ban san wacce ce ke ba. Da aka fito fili, Abbanki ya tafi neman inda ya ajiye mota, ya bar ni a tsaye cikin ɗaruruwan yara masu riga iri ɗaya. Daga baya na ji cewa kina gabana kaɗan, kina ɗaga min hannu da takardarki, na dube ki ido cikin ido na juya. A mota kika ce min da Turanci, "Umma, har yau ma?"

Na ce miki, "Ke dai kin cika fitina."

Walida, ban gan ki ba. Wallahi tallahi ban gan ki ba. Na gwammace ki ɗauka kunya ce ta hana ni, da in ce miki ido ne, don na san idan na faɗa washegari za ki kai ni wurin masu aiki. Na bar ki da ciwon nan wata uku don in tsira daga wuƙa. A duk abin da na yi wannan ne ba ni da uzurinsa. Ki yafe min. Kuma idan Allah Ya ba ki naki, kada ki ɓoye musu rauninki a bayan al'ada, don su ba za su san rauni ba ne, za su ɗauka ba a son su.

Yadda asiri ya tonu kin san rabinsa. Ina zuba wa Mama Lila shayi na zuba a gefen kofi, ya malale a kan tebur ina ci gaba da zubawa. Ta kama hannuna ta ja ni bakin taga, ta ɗaga min haɓa ta leƙa idona. Sai ta yi salatinsu. Ta ce, "Wannan ai yana ce! Tun yaushe?" Na ce shekara uku. Ta ce, "Kuma kika ce min gajiya?" Na ce na ɗauka man zai cire ta. Sai ta gwale nata idon da yatsa ta ce, "Dubi nan. Duka biyun an yi min aiki tun kafin ki san ni. Man nan don ido ya huta nake sawa. Wa ya ce miki yana cire yana?" Na ciro mata maganin zumar nan daga jakata, ta shinshina, ta ce ita ba ta san shi ba, ta jefa a shara. Ta ce ko in gaya wa mutanen gidana a ranar, ko ita ta ɗauki waya. Shekara biyar ina wanke wa matar nan fuska kullum, ban taɓa tambayarta yadda aka yi take ganin ƙwayar shinkafa a ƙasa tana da shekara tamanin da wani abu ba.

Sauran kina wurin. Kin ji likita ya ce babu abin ɗigawa ko na shafawa da yake cire yana, kuma na yi sa'a abin da na riƙa zubawa bai sa min wani ciwon ba. Kin ji ya ce jinkirin ya sa ta dama ta yi tauri, aikin zai fi wuya kaɗan. Da na tambaye shi to sanyin da nake ji fa idan na sa man, ƙarya ne? Ya ce ba ƙarya ba ne, amma wannan daban wancan daban. Kika harare ni don na yi tambayar.

To ni yanzu me zan ce miki game da maganin gargajiya, ke da za ki je ki koyi na Bature? In ce ki guje shi? Mai gargajiya ne ya kashe wa Inna ido, amma mai gargajiya ce ta ja ni bakin taga ta tura ni asibiti. In ce ki riƙe shi? Shi na laɓe a bayansa shekara uku. Na juya abin ta kowane gefe. Wani lokaci in ga laifin mai tallan waya ne, wani lokaci in ga nawa ne ni kaɗai, wani lokaci in ce ai da likitan farko ya zauna ya tambaye ni me nake tsoro, da wataƙila na gaya masa labarin zaure. Kwalbar man tana nan a kicin, na ɗauko ta zan zubar sau biyu ina mayarwa. Ba zan ƙara sa shi a ido ba sai da izinin likita, wannan na yi alkawari, amma na kasa jin haushinsa. Iyakar abin da zan iya ce miki, wata rana wata tsohuwa irina za ta tsaya gabanki da ƙullin wani gari a jaka. Kada ki harare ta yadda kika harare ni. Ki tambaye ta me take sha, ki tambaye ta na mene ne, sannan ki tambaye ta me take tsoro. Idan kika yi mata dariya za ta ce miki da sauƙi ta tafi, ba kuma za ta dawo ba.

Ki riƙe sallarki a kan lokaci ko da kina ɗakin gwaji. Ki ci abinci mai zafi, ba biskit da shayi ba. Ki riƙa kiran Abbanki, shi ba zai ce yana kewarki ba, zai dai tambaye ki ko an duba man mota. Kuma ki je a duba miki ido duk shekara, tunda daga Inna sai ni, ban san ko abin yana bin jini ba. Na sa miki yaji da kuka a jakar baya, man shanun da ke ciki na ci ne, kada ki yi min tsiya.

Saura roƙo ɗaya. Likita bai yi min alkawarin zan gani tangaran ranar Juma'a ba, ya ce wasu sai bayan kwanaki. Ni kuma kwana ɗaya gare ni. Rabona da in ga fuskarki sosai tun kina shekarar farko a jami'a, kafin nan kuma ina da idon amma ina kau da shi. Don haka ki gama haɗa kayanki a daren Alhamis, ranar Juma'a ba na son jin ƙarar akwati. Idan mun dawo daga asibiti ki jawo kujera bakin tagar falo ki zauna a gabana. Zan dube ki, kuma zan daɗe. Kada ki yi dariya, kada ki sunkuyar da kai, kada ki ce min komai. Idan Allah Ya sa na gani, alhamdu lillahi. Idan kuma dishi-dishi ne, ki zauna duk da haka, Asabar kuma ki tafi abinki.

Yanzu ki ninke takardar ki yi min addu'a, ina ciki.

Allah Ya tsare gabanki da bayanki, Ya raba ki da sharrin hanya da na mutane, Ya ba ki ilimi mai amfani, Ya bar miki idonki har tsufa. Allah Ya jiƙan Inna. Allah Ya yi miki albarka, Hauwa'u. Ga shi na rubuta, hannuna ya iya.

Wassalam.

Ummanki.